Tulun Manna da Kayan Ɗakin Kaka

Karatunmu na yau yana cikin Littafin Fitowa sura 16, daga aya 31 zuwa 35. Wanda Littafi Mai Tsarki ke kusa da shi, ya buɗe. Wanda hannunsa ke cikin aiki kuwa ya kasa kunne, zan faɗi abin da ke wurin a taƙaice.

Isra'ilawa suna cikin jeji, guzurin da suka fito da shi daga Masar ya ƙare, suka yi ta gunaguni a kan Musa da Haruna. Allah ya ba su manna. Kowace safiya, in raɓa ta ɗauke, sai su tarar da ita a ƙasa, kowa ya tattara abin da zai ishi gidansa yini guda. An kuma gargaɗe su kada kowa ya bar saura ya kwana. Waɗanda suka yi taurin kai suka ɓoye, da gari ya waye suka iske ta yi tsutsa, tana wari. Ran jajiberen Asabar kaɗai aka yarda a tara na kwana biyu. Amma a ƙarshen surar sai ga wani umarni dabam. Ubangiji ya ce a auna omer guda, watau kimanin mudu, a zuba a tulu a ajiye, domin 'ya'ya da jikoki su ga irin abincin da aka ciyar da iyayensu da shi shekara 40. Haruna ya yi yadda aka ce, ya ajiye tulun a wuri mai tsarki.

Ku lura da abin da aka zaɓa a ajiye. Akwai zinariya da azurfa da suka karɓo daga Masarawa, akwai takubba, amma abin tunawa da ciyarwar Allah shi ne tulu da ɗan abinci a ciki, irin abin da ke ɗakin kowace mace. Sunan manna kansa ma daga tambaya ya fito, gama da suka gan ta da fari ba su san ta ba, suka tambayi juna ko mene ne. Aikin tulun ke nan: yaro ya gani ya yi tambaya, babba ya buɗe baki ya ba shi labari.

'Yan'uwana, a gidajenmu akwai irin wannan tulu da yawa, sai dai mun saba da su har ba mu ganinsu. An ce, ido wa ka raina? Ya ce, wanda nake gani kullum.

Bari mu shiga ɗakin Kaka. Ku ɗaga ido kan kabad ko bayan gado, za ku ga kwanukan nan masu fenti, langa da fanteka, masu zanen fure ja da shuɗi, bakinsu ya ɓantare, tsatsa ta fito baƙi-baƙi. Yaran yanzu da suka tashi cikin roba da kula suna ɗaukarsu tarkace. Abin nan da muke kira fenti, gilashi ne aka niƙa, aka shafa a jikin ƙarfe, aka gasa a wuta mai tsanani har ya narke ya manne. Shi ya sa in kwanon ya faɗi yakan ɓantare kamar kwalba. Kafin zuwansu, ƙwarya da akushi ne abin cin abinci, mai hali kuma ya sayi tasar tagulla ta maƙeran Bida. Na farko-farko daga Turai aka riƙa kawo su, har da ƙasar da a da ake kira Cekoslobakiya. Bayan Yaƙin Duniya na Biyu sai na Hong Kong suka cika kasuwa, wajen 1960 kuma masu masana'antun Hong Kong ɗin suka taso da injunansu suka kafa a Legas da Kano. Ku kifa kwanon ku dubi gindinsa. Sau da yawa tambarin ƙasar da aka yi shi yana nan bai goge ba, daga nan ma kuna iya kintatar zamanin da aka saye shi.

Wannan labarin waje ke nan. Na ciki ya fi shi nauyi. Uwar Kaka ta fara tara kwanukan nan tun Kaka tana goye a bayanta, ɗaya bayan ɗaya, da kuɗin adashi, da ribar ƙuli-ƙuli da daddawa, da kaɗin auduga da dare. A ƙasar Filato wata da ɗaukar ƙasa a ka a filin kuza ta saya. Ran da aka yi jere, mata suka zo kallo suka yi guɗa, amma uwar ta san abin da ta ba 'yarta: ta ba ta banki ne, wanda miji ba shi da iko a kansa. In rana ta ɓaci, a sauke kwano guda a kai wa dillaliya. Saboda haka in kun ga jeren da ya kamata ya zama goma sha biyu, saura bakwai, ku tambayi inda biyar suka tafi. Ka ce, "Kaka, ina sauran?" Za ta harare ka ta ce, "Kai maigida, me ya kai ka ƙirga mini kwanuka? Ko sadakin kishiya kake nema?" Ka yi dariya, ka gyara zama, kada ka tashi. In ta ga da gaske kake, za ka ji cewa biyu sun tafi a farin 1973, sa'ad da rumbu ya ƙare tun kafin damina ta faɗi. Ɗaya ya biya kuɗin asibiti lokacin da baƙon dauro ya kama mahaifinka. Biyu kuma su ne kuɗin makarantar kwana na wannan kawu naka da yanzu yake shiga mota yana ɗaga gilashi. Shi kansa watakila bai sani ba, domin iyayenmu mata ba su saba tallar wahalarsu ba.

A kusurwar ɗakin akwai keken ɗinki, baƙi, mai rubutun ruwan zinariya, an rufe shi da tsohon zane an ɗora kwalaye a kai. In Singer ne, sunan wani Ba'amurke ne, Isaac Singer, wanda ya yi wa irin kekensa rajista a 1851. Da yawa daga cikin tsofaffin da suka shigo ƙasarmu a Clydebank aka ƙera su, kusa da Glasgow a Sikotilan, masana'antar da aka rufe a 1980. Akwai lamba da aka buga a jikin ƙarfen, ta gaba wajen hannun dama, wadda da ita ake gane shekarar da aka yi keken. In kuwa Butterfly ne, daga Shanghai ta ƙasar Sin ya zo. Keken nan ya ɗinka rigunan makaranta nawa? Ankon Zumuntar Mata nawa? Daren Kirsimeti nawa aka kwana ana taka shi da fitilar ƙwai, domin yara su sami abin sawa zuwa majami'a da safe? Ku tuna da Dokas ta Yafa cikin Ayyukan Manzanni sura 9. Da ta rasu, Bitrus ya zo, gwauraye suka kewaye shi suna kuka. Ba a rubuta mana dogon jawabi daga bakinsu ba. Riguna da tufafin da ta ɗinka tun tana tare da su, su suka nuna masa. Da ba su ce Dokas ce ta yi ba, da Bitrus ya ga riguna ne kawai irin na kowa.

Ƙarƙashin gadon Baba tsoho kuma ga akwatin ƙarfe mai kwaɗo. A gidaje da yawa na Arewa akwatin nan ya ƙetare teku, domin samarinmu dubbai sun shiga soja a yaƙin Hitila, aka kai runduna ta 81 da ta 82 ta Afirka ta Yamma ƙasar Bama tsakanin 1943 da 1945. Wanda ya buɗe yana iya samun lambar yaƙi mai siffar tauraro mai tsini shida, da takardar sallama da ta yi ja don tsufa. Kusan dukan masu lambobin nan sun riga mu gidan gaskiya, da yawansu kuwa sun tafi da labarin dajin Bama a cikinsu, ba wanda ya zauna ya tambaye su. A gindin akwatin za ku tsinci kuɗi masu huda a tsakiya, kobo da anini. A zamanin, anini goma ne kobo ɗaya, kobo 12 sule, sule 20 fam. Aninin farko da aka buga a 1907 na alminiyum ne, ba su jure ba, aka sake ƙarfen. Ran 1 ga Janairu 1973 naira ta shigo, fam ɗaya ya zama naira biyu, sauran suka koma abin wasan yara. In kun ci sa'a ma za ku ga 'yan wuri a ƙulle cikin tsumma. Wurin nan daga tsibiran Maldibis na tekun Indiya ya taso, ya bi jirgin ruwa da ayarin fatake har ya iso kasuwanninmu. Kalmar kuɗi da muke faɗa safe da yamma, jam'in wuri ce.

Abin da ya fi daɗe mini a rai cikin kayan gidajen masu bi shi ne tsohon Littafi Mai Tsarki mai baƙin bango, wanda aka ɗaure da zare domin ganyayensa sun saki. Cikakken Littafi Mai Tsarki da Hausa ya fito ne a 1932, bayan aikin shekaru masu yawa na Likita Walter Miller, wanda ya zauna a Zariya tun 1905, tare da waɗansu 'yan mishan da Hausawan da suka zauna da su suna auna kalma ɗaya-ɗaya. Kuna iya gane shi da sunayen littattafan: a cikinsa za ku ga Yohanna da Timothawus da Kubawar Shari'a, inda juyin 1979 ya ce Yahaya da Timoti da Maimaitawar Shari'a. Amma ku buɗe bangon farko tukuna. A nan ne kakanninmu, waɗanda da yawansu sai da suka yi gemu suka koyi karatu a ajin yamma, suka rubuta ranar baftismarsu, da ranar aure, da sunan kowane yaro da ranar haihuwarsa. Wani sunan za ku ga an ja ɗan gicciye a gefensa da wata rana ta biyu, kusa da ta farko. Wannan yayarku ce ko wanku da ba ku taɓa jin sunansa ba. Ku bi shafuffukan ku ga inda gefen takarda ya yi baƙi da dattin yatsa. Nan ne mai littafin ya fi zuwa. A wani littafin Zabura ce ta yi baƙi, a wani Ayuba, kuma ba banza ba.

Har akwatin rediyon da ya mutu a kan taga yana da nasa. Dattawa za su gaya muku yadda unguwa guda takan taru a kan rediyo ɗaya da yamma a kamo Muryar Bishara, wadda ake shirya shirye-shiryenta na Hausa a Jos, a watsa daga Addis Ababa tun 1963, har gwamnatin soja ta Habasha ta ƙwace tashar a 1977. Waɗansu kuma ELWA ta Monrobiya suke kamowa, wadda ta fara a 1954, yaƙin Laberiya ya rushe ta a 1990. Akwai ikilisiyoyin da farkonsu a gindin irin wannan akwati ne.

To, kada mu yi kamar kowane ɓoyayyen labari mai daɗi ne. Wurin nan da na ambata, da shi aka sayi mutane aka sayar. Akwai kuma kayan da dalilin ɓoye labarinsu kunya ce. Littafin Joshuwa sura 7 ya ba mu labarin Akan, wanda ya ɗauko kyakkyawar alkyabba ta Babila, da shekel 200 na azurfa, da sandar zinariya mai nauyin shekel 50 daga Yariko, ya haƙa rami a tsakiyar alfarwarsa ya binne. Iyalinsa suna kwana suna tashi a kan abin da zai hallaka su. Ina so in yi magana a fili, ko da za ta yi ɗaci. A garuruwanmu da aka yi rikici, an fasa gidaje da shaguna, kuma ba gefe ɗaya kaɗai ne ya kwashi kaya ba. Akwai gidan mai bi da yau ake shan ruwan sanyi daga firijin maƙwabcin da ya gudu. Akwai keken ɗinkin da aka ba da jingina a kan ɗan bashin da bai kai kashi ɗaya cikin huɗu na kuɗinsa ba, mai shi ta rasu, aka yi shiru, yanzu ana ce da shi na gado. Shari'ar Musa ta hana a karɓi dutsen niƙa jingina, gama da shi mutum yake ci, ta kuma hana a karɓi tufar gwauruwa. Ku duba Maimaitawar Shari'a sura 24. Kayan aro ba ya rufe katara, balle na ƙwace. In ka bincika labarin wani abu a gidanka ka iske ba naku ba ne, shekarun da ya yi a ɗakinku ba su mai da shi naku ba. Nemi mai shi ko 'ya'yansa. In kana jin nauyin zuwa kai kaɗai, ka tafi da fasto ko wani dattijon ikilisiya. Zakka ya yi alkawarin mayar da ninki huɗu, kai kuwa abin kaɗai ake so ka mayar, da baki mai neman gafara.

Akwai wata tambaya da masu bi sukan kawo, musamman waɗanda kakanninsu suka yi addinin gargajiya: me za mu yi da kayan da muka gada, tun da ba mu san abin da aka yi da su ba? Littafi Mai Tsarki yana da labarin da ya dace da wannan. Cikin Littafin Ƙidaya sura 21, macizai suka sassari jama'a, Allah ya sa Musa ya ƙera maciji na tagulla ya sa a bisa sanda, wanda aka sara ya duba ya rayu. Abu ne mai kyau, da umarnin Allah aka yi shi, aka kuma adana shi ɗaruruwan shekaru. Amma cikin Sarakuna na Biyu sura 18 sai muka iske mutane suna ƙona masa turare, har yana da suna, Nehushtan. Sarki Hezekiya ya farfashe shi, Littafi kuma ya lissafta wannan cikin ayyukansa na kirki. Macijin bai canja ba. Mutane ne suka manta da wanda ya warkar da kakanninsu, suka riƙe tagullar.

Wannan yana faruwa da mu, har da kayan da ba su da alaƙa da tsafi ko kaɗan. Na san gidajen da ake sa tsohon Littafi Mai Tsarki na Baba ƙarƙashin matashin jariri don korar mayu, alhali ba wanda ya buɗe shi tun ranar jana'iza. Wannan laya ce, ko da bangonta baƙi ne. Duk abin da kake jin tsoron taɓawa, ko kake zuba masa wani abu, ko ka gaskata cewa in ya bar gidan masifa za ta shigo, ya zama maka Nehushtan, ka rabu da shi. Yakubu ma ya tattara gumakan gidansa ya binne a gindin itacen oak kusa da Shekem, cikin Farawa sura 35.

Amma ina da magana da matasa masu zafin himma, waɗanda in sun dawo daga taron farkawa sai su tara duk wani tsohon abu a tsakar gida su cinna wuta. Ƙwarya mai zane, da kujerar tsuguno, da mazari, da kwari da baka na Kaka, da munduwar tagulla, duk a ce aljanu ne a ciki. A ganina wannan gaggawa ce, ba tsarki ba. Turmi turmi ne. Wanda ya sassaƙa shi daga itacen ƙirya, Allah ne ya ba shi hannun. Ku tambaya tukuna. Tsofaffi sun san wanne ne na tsafi, wanne ne na tuwo, kuma in kun tambaye su da ladabi ba za su ruɗe ku ba. Matambayi ba ya ɓata. Hezekiya ya san sarai abin da yake farfasawa da dalilinsa. Wanda ya ƙone abin da bai sani ba kuwa, sau da yawa shaidar alherin Allah ga gidansu ce ya mai da toka.

Sai zancen rabon gado, inda kayan nan suka fi jawo hawaye. Wani ya taɓa tsayar da Yesu cikin taro, ya roƙe shi ya sa ɗan'uwansa ya raba gado da shi, Yesu ya ƙi zama alƙalin rabon, ya ja kunnen taron a kan haɗama. Yana cikin Luka sura 12. Abin da nake gani shi ne, gidan da ba a san labarin kaya ba, kuɗinsu kaɗai ake gani. Kafin a share makoki an kira masu jari-bola, an ɗora keken ɗinki da akwatin ƙarfe da dutsen guga a kan sikeli, an sayar da kilo. Mafi muni kuma shi ne dangin miji da suke shiga ɗakin gwauruwa su kwashe har kwanukan da uwarta ta tara mata, su ce kayan ɗan'uwansu ne. Wannan zalunci ne, kuma ana yinsa a gidajen da ake rera waƙoƙin sujada. Dattawan ikilisiya, kada ku tsaya ga wa'azin jana'iza kawai ku tafi. Ku dawo ran rabo ku zauna. Iyaye kuma, tun kuna da numfashi ku faɗa a gaban shaidu, ko ku rubuta, wane abu na wa ne, da dalilin da ya sa. 'Yar da ta san cewa fantekar nan ita ce ta rage bayan an sayar da sauran don karatun wanta, ba za ta yarda a auna ta a sikeli ba, wan kuma zai ji kunyar yin gardama a kanta.

Na san akwai masu saurarona da za su ce, Malam, mu ba mu da ko ɗaya cikin abin da ka lissafta. Mutanen Gwoza da Madagali da Michika da Mubi da suka gudu a 2014, da yawansu da rigar jikinsu kaɗai suka fita, da suka koma kuwa toka suka tarar. Haka waɗanda ambaliya ta share musu gida, da waɗanda gobara ta cinye. Gare ku nake so in koma kan tulun manna. Wasiƙa zuwa ga Ibraniyawa sura 9 ta lissafta shi, tulu na zinariya, tare da sandan Haruna da ya yi toho, da allunan alkawari. Amma Sarakuna na Fari sura 8 ya gaya mana cewa ran da Sulemanu ya shigar da akwatin alkawari cikin Haikali, ba kome a ciki sai allunan dutse biyu. Tulun ba ya nan. Daga baya akwatin kansa ma ya ɓace, bayan Babilawa sun ƙone Urushalima. Duk da haka ga mu yau, a wata ƙasa, da wani harshe, muna zancen mudu guda na manna, domin waɗanda suka gani sun faɗa, waɗanda suka ji kuma sun rubuta. Uwar da ta fito daga Michika ba ta da langa ko ɗaya da za ta nuna, amma ta san launinsu, ta san wadda ta saya mata, ta san dutsen da suka kwana a kansa da wanda ya ba su ruwa a hanya. Ta zaunar da 'ya'yanta ta faɗa musu, dalla-dalla, har da sunayen wurare.

Ga aikin da zan ba ku a makon nan. Kowane gida ya zaɓi abu guda, ko da ludayi ne. Bayan cin abincin dare, a kashe talabijin, a kawo abin a ajiye a tsakiya, a ba mafi tsufa a gidan dama ya yi magana. Ku tambayi wanda ya fara mallakarsa, da inda aka saya, da abin da aka sayar aka saye shi, da shekarar, ko abin da ya faru a shekarar in ba a riƙe lamba ba. Kada ku katse tsohuwa in ta yi kwana ta shiga wani zance, sau da yawa can ne abin yake. Wanda ke da waya ya ɗauki muryar. Ɗan makaranta kuma ya rubuta a takarda da biro, a naɗe a leda saboda gara, a sa cikin kwanon ko cikin aljihun keken. In tsohon naku yana ƙauye, kada ku ce sai Kirsimeti. Ku buga masa waya gobe.

Mako mai zuwa, in Ubangiji ya yarda, za mu dubi alkyabbar da Bulus ya bari a Taruwasa a gidan Karbus, wadda ya roƙi Timoti ya kawo masa kurkuku tare da littattafansa. Ku karanta Timoti ta Biyu sura 4 kafin lokacin. Ku huta lafiya.